Ƙurunƙus Kan Ɗan Ɓera: Sharhi a Kan Shirin Tom da Jerry

Gabatarwa

Na san wani mai karatu zai ce, me ya haɗa mujallar masu nazarin Hausa da wasan yara na muzuru da ɓera, wanda ko kalma guda ta Hausa babu a cikinsa? Amsa ita ce, duk abin da ya shigo ɗakin kakanninmu ya zauna a gurbin tatsuniya, to ya zama wajibi ɗalibin adabi ya tsaya ya dube shi da idon basira. Daga Bebeji zuwa Kiru, daga Tudun Wada har Doguwa, da wuya ka sami yaron da bai san Tom da Jerry ba. Ni kaina a gidan maƙwabta na fara kallonsu, ta tashoshin Larabawa na tauraron ɗan'adam, in an ci sa'a an kawo wuta. Ƙannena kuwa a waya suke kallo, domin masu cajin waya a Kwanar Ɗangora su kan tura wa mutum su cike da kati a kan kuɗi kaɗan.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wata magana da kakata ta yi a wani hutu da na je gida. Yara sun yi cincirindo a kan waya suna ta ƙyaƙyata dariya, sai Iya ta leƙa, ta daɗe tana kallo, sa'an nan ta juyo ta ce mini, "Kai maigidan, wai yaushe za a yi ƙurunƙus ne?" Na ce, "Iya, ai wannan ba ya ƙarewa." Sai ta ce, "To ai ba labari ba ne, wahala ce." A kan wannan magana tata zan gina sharhin nan.

Asalin shirin

William Hanna da Joseph Barbera ne suka ƙago Tom da Jerry a kamfanin fim na MGM da ke Amurka. Na farko ya fito a 1940, sunansa Puss Gets the Boot, kuma a cikinsa ana kiran muzurun Jasper ne. Daga wannan shekara zuwa 1958 mutanen nan biyu sun yi gajerun finafinai 114, bakwai daga ciki suka ci lambar Oscar. Bayansu Gene Deitch ya yi guda 13 a birnin Prague tsakanin 1961 da 1962, sa'an nan Chuck Jones ya yi 34 daga 1963 zuwa 1967.

Wani abin lura shi ne, ba don talabijin aka yi su ba tun asali. A gidajen silima a kan nuna guda ɗaya, na minti bakwai ko kusa da haka, kafin a sa babban fim, manya da yara su ɗan yi dariya su wartsake. Sai a 1965 tashar CBS ta fara harhaɗa su tana nunawa a jere a matsayin shirin yara na talabijin. Watau abin da aka yi shi don a ɗanɗana kamar yaji, shi ne aka mayar tuwo. A wannan siga ta haɗe-haɗe ya iso gare mu, an cakuɗa na Hanna da Barbera da na Deitch da na Jones, ba a gaya wa mai kallo wanne ne na wa, ko wanne ya riga wanne.

Inda aka yi gwaninta

Rashin adalci ne in fara da suka ban yaba ba. Masu zanen nan gwanaye ne na sanin lokaci. Sun san daidai tsawon shirun da ya kamata a yi tsakanin sa'ad da Tom ya taka manjagara da sa'ad da ƙotar za ta taso ta make shi a fuska, kuma a cikin wannan ɗan shirun dariyar take. Kiɗan da Scott Bradley ya tsara shi ne bakin 'yan wasan: shi ke yin sanɗa in Tom yana sanɗa, shi ke yin ihu in an take masa wutsiya. Wanda ke son ganin ƙarshen wannan fasaha ya nemi The Cat Concerto na 1947, inda Tom ke kaɗa fiyano a gaban jama'a, Jerry kuwa yana barci a cikin fiyanon. Duk dukan da suka yi wa juna a kan kiɗa ya faɗa, ba a kuskure ko ɗaya ba. Duk wanda ya taɓa ganin yadda kalangu ke bin ƙafar mai rawa zai gane irin aikin da aka yi a wurin.

Wannan ne kuma sirrin karɓuwarsa a ƙauyukanmu. Ba ya bukatar tafinta. Yaron da bai taɓa shiga aji ba yana fahimtarsa daidai da ɗan jami'a. Irin wannan barkwanci na faɗuwa da tsere da duka ba baƙo ba ne gare mu. Muna da shi a wasannin tashe, mun kuma gan shi a finafinan marigayi Rabilu Musa Ɗan Ibro, wanda ya rasu a 2014.

Shin Jerry Gizo ne?

Sau da yawa na ji 'yan'uwana ɗalibai suna cewa Jerry shi ne Gizon Turawa. A zahiri akwai kama. Dukansu ƙanana ne marasa ƙarfi da ke cin galaba a kan manya da wayo. Gizon da ya haɗa giwa da dorina jan igiya, kowa na zaton da Gizo yake ja, lalle zai gane ɗan'uwansa a Jerry. Amma in aka zurfafa bincike sai a ga kamar ta tsaya ne a fata.

Gizo ba kullum yake cin nasara ba, kuma tatsuniya ba ta ɓoye mana cewa makwaɗaici ne, maƙaryaci, malalaci. Ku tuna da tatsuniyar da hankaki suka ara masa gashinsu ya bi su cin ɓaure a tsakiyar ruwa. Haɗama ta sa ya hana masu gashin ci, su kuwa kowa ya zare gashinsa suka bar shi a kan itace. Ku kuma tuna yadda ya manne a jikin mutum-mutumin danƙo sa'ad da ya je sata a gona. Yaro yana dariyar wayon Gizo, amma kafin ya yi barci ya ga inda wayon ya kai shi. Jerry fa? A mafi yawan finafinan zai saci cuku, ya sha madara, ya jawo wa Tom duka, ya koma raminsa yana murmushi, kuma an tsara komai yadda mai kallo zai tafa masa.

A nan ne Iya ta sake ba ni mamaki, don ita bayan muzuru take bi. Ta ce, "Wannan bawan Allah aikinsa yake yi." Da na koma na kalli fim ɗin farko na 1940 sai na ga gaskiyarta. Matar da ke kula da gidan ta gargaɗi muzuru cewa in ya sake fasa wani abu za ta kore shi. Da ɓera ya ji haka sai ya shiga jefo kwanukan tangaran, muzuru yana ta tarewa, har a ƙarshe suka tarwatse aka jefa shi waje. Ashe tun ranar farko Tom ma'aikaci ne da ke tsakanin tsoron kora da sharrin ɓarawo.

Mu kuwa 'ya'yan manoma mun san wane ne ɓera. Kawuna a Doguwa masara yake nomawa, dangin mahaifiyata a Tudun Wada shinkafa, kuma babu wanda bai taɓa buɗe rumbu ko ɗaga buhu ya tarar da ɓarnar ɓera ba. Haka nan wani nau'in ɓera ne ke yaɗa zazzaɓin Lassa, cutar da aka fara ganowa a garin Lassa na ƙasar Barno a 1969. Kyanwa kuwa abokiyar zama ce mai daraja a gidan Musulmi. Na san an ce in ɓera da sata, daddawa ma da wari, kuma Tom ma ba waliyyi ba ne. Sau da dama shi ke fara tsokana, shi ke gina ramin mugunta ya faɗa ciki. Amma duk da haka akwai abin dubawa a shirin da ke koya wa ɗan mai rumbu ya yi wa ɓera kirari.

Jikin da ba ya gaya wa mai shi

Bahaushe ya ce jiki magayi. A duniyar Tom da Jerry jiki ba ya gaya wa kowa komai. Za a sakar wa Tom dutsen guga a ka, kansa ya baje kamar faifai. Za a tasa masa nakiya a baki, ya yi baƙi ƙirin. Kafin ka ƙifta ido ya koma garau, an ci gaba da tsere. Ba tabo, ba jinya, ba nadama. Tun da ba abin da ke barin alama, ba wanda ke koyon darasi, tun da kuwa ba a koyon darasi, ba dalilin da zai sa labari ya ƙare.

In fim ɗaya mutum ya kalla, kamar yadda a kan yi a silima, wannan ba aibu ba ne, wasa ne na minti bakwai. Aibun yana bayyana ne sa'ad da aka jera ashirin a kati guda. Na lura da ƙannena: a na farko da na biyu dariya suke har da hawaye, a na shida sai murmushi, daga nan sai su yi tsit, ido a kafe, ba dariya ba tashi. Tatsuniya tana da ƙofar shiga da ta fita. A kan buɗe da "ga ta nan, ga ta nanku", a amsa, a rufe da "ƙurunƙus kan ɗan ɓera", kowa ya watse da abin da ya samu. Abin dariya ma, da kan ɓera muke rufe labari, su kuwa nasu ɓeran kansa ba ya taɓa faɗuwa.

Kada a ɗauka ina kira ne a cire duka daga cikin wasan. An gwada haka. A 1975 Hanna da Barbera sun yi wa tashar ABC sabon shiri inda aka mayar da Tom da Jerry abokai, saboda ƙa'idojin hana nuna faɗa a shirye-shiryen yara. Sakamakon shi ne Tom ya zama kyanwar Lami, ba cizo ba yaƙushi, wasan kuma ya yi lami. Matsalar ba dukan ba ce. Rashin sakamakonsa ne.

Bakin da aka rufe

Rashin magana, wanda na yaba a baya, shi ne kuma babbar asarar da muke yi. Rabin daɗin tatsuniyar Gizo a bakinsa yake, a tsamin bakin nan da mai ba da labari ke kwaikwayo, da gardamarsa da Ƙoƙi, da 'yan waƙoƙin da yara ke amsawa. A nan yaro ke tsintar karin magana da habaici da zaurance ba tare da ya san ana koya masa ba. Wanda ya kwana a gaban Tom da Jerry zai tashi da dariya, amma ba zai tashi da sabuwar kalma ko ɗaya ba, ba ta Hausa ba, ba ta Turanci ba.

Wadda ta fi kowa magana a tsofaffin finafinan kuwa ita ce baƙar matar nan mai kula da gida, wadda aka fi sani da Mammy Two Shoes, da kusan kullum ƙafafunta kawai ake nunawa. Lillian Randolph ce ta yi yawancin muryarta. An zana ta ne bisa siffar da Turawan Amurka na wancan zamani ke yi wa baƙar mace 'yar aiki, kuma saboda ƙorafi a kan haka aka daina sa ta bayan 1952. A wasu kwafe-kwafen talabijin ma har sake zana ta aka yi a matsayin Baturiya. Yaranmu suna dariyarta ba su san da wa ake ba. Aikin ɗalibin adabi ne ya sani, ya kuma faɗa.

Kammalawa

Ban ce a ƙwace waya daga hannun yara ba. Ko an ce ma ba za ta yiwu ba, kuma ni da kaina har gobe in na ga Tom ya taka manjagara sai na dara. Abin da nake cewa shi ne mu san matsayin abin: gwanintar zane ce da kiɗa, amma ba magajin tatsuniya ba ne, don haka kada mu bar masa gurbinta.

Kayan aiki kuwa muna da su jibge. Frank Edgar ya buga littattafai uku na tatsuniyoyin Hausa tsakanin 1911 da 1913, marigayi Ibrahim Yaro Yahaya kuma ya bar mana Tatsuniyoyi da Wasanni. Abubakar Imam ya nuna mana a Magana Jari Ce yadda ake ɗauko abin wasu a sa masa riga da hula har ya zama ɗan gida. Me zai hana ƙungiyarmu ta haɗa kai da ɗalibai masu zane da masu ilmin kwamfuta, a ɗauki tatsuniyar Gizo da hankaki, a yi mata minti bakwai? A ari sanin lokaci daga Hanna da Barbera, a sa kalangu a gurbin fiyano, a bar wa Gizo tsamin bakinsa, in ya faɗo daga kan ɓaure kuma a bari ya ji a jikinsa.

Ina roƙon malamanmu da 'yan'uwana ɗalibai su gyara mini inda na yi kuskure. Ni dai burina in koma gida wata rana in miƙa wa Iya waya, ta kalla har ƙarshe, ta ji an yi ƙurunƙus. Allah ya sa mu dace, amin.