Koyon Hausa ta Hanyar Saurare: Nazari a kan Darussan Hodge da Umaru

A shekarar 1963 cibiyar horar da ma'aikatan jakadanci ta Amurka ta fitar da littafin Hausa Basic Course, wanda Carleton Hodge da Ibrahim Umaru suka tsara, haɗe da darussan da aka naɗa a tef. An gina aikin ne bisa hanyar koyarwa wadda ta yi ƙarfi a Amurka tun zamanin Yaƙin Duniya na Biyu, wato ɗalibi ya saurari jimla ya maimaita, sa'an nan a musanya masa kalma guda ya sake faɗa.

Babbar fa'idar wannan hanya ita ce tana cike giɓin da rubutun boko ya bari, domin rubutun yau da kullum ba ya nuna karin sauti ko tsawon wasali. Alal misali, kuka na hawaye da kuka ta miya rubutunsu ɗaya ne, karin sautin gaɓar ƙarshe kaɗai ya raba su. Haka nan gari na mutane da gari na tuwo, tsawon wasalin farko ne bambancinsu. Bahaushe yakan gane abin nufi daga muhallin magana, amma baƙon harshe sai ya ji da kunnensa. Ta wannan fuska mawallafan sun cancanci yabo.

Sai dai tef yana magana ne, ba ya ji. Idan ɗalibi ya ce kafa a maimakon ƙafa sau ɗari, babu mai tsayar da shi, maimaitawar ma sai ta ƙara dasa kuskuren a harshensa. Icce kuwa tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Na biyu, ana iya haddace gaisuwa ba tare da sanin wanda ake durƙusa wa ba, ko dalilin da ke hana mace ambatar sunan mijinta ko na ɗanta na fari. Waɗannan a cikin mutane ake koyonsu.

Saboda haka, darussan saurare, a tef suke ko a wayar hannu, matakin farko ne. Wajibi ne ɗalibi ya nemi malami ko abokin hira mai gyara masa furuci tun daga darasin farko.