Gado ko Aro? Tsokaci a kan Kamusun Skinner da Sunayen Sassan Jiki, da Misalai daga Tamale

1.0 Gabatarwa

A shekarar 1996 aka buga kamusun Neil Skinner mai suna Hausa Comparative Dictionary a birnin Kolon na ƙasar Jamus. Tsarinsa shi ne ya kawo kalmar Hausa, sannan ya jera kalmomin da suka yi kama da ita a siga da ma'ana daga harsunan Cadi da sauran dangin Afro-Asiya, har da harsunan maƙwabta. Wannan takarda za ta auna amfanin wannan tsari ga ɗalibi mai neman asalin sunayen sassan jiki. Za a kawo misalai daga Tamale ta arewacin Gana, inda Hausa ke zaune kafaɗa da kafaɗa da harshen da ba danginta ba.

2.0 Abin Yabo da Abin Gyara

Babu shakka Skinner ya yi aikin da ya cancanci yabo, domin ya tara wa manazarci abin da da sai ya buɗe kamusoshi masu yawa kafin ya samu. Sai dai kamanci tsakanin kalmomi biyu kan faru ta hanya uku: gado daga tushe ɗaya, ko aro, ko kuma dacewa kawai. Raunin kamusun shi ne sau da yawa yakan bar wa mai karatu nauyin rarrabewa, ba tare da shimfiɗa masa dokokin sauye-sauyen sauti ba. Gwani zai iya tsince tsakuwa daga shinkafa, amma ɗalibi kan haɗiye duka. Shi ya sa ake cin karo da kundayen da ke cewa wai kalmar harshe aro ce daga lisan ta Larabci, daga nan kuma a yanke hukuncin cewa Hausa 'yar Larabci ce.

3.0 Kalmomin Gado

A ɗauki harshe. A karin Sakkwato halshe ake cewa, jam'inta kuwa harsuna ko halsuna. Jam'in ya nuna cewa s ce a asali, ta koma sh a gaban wasalin e ta hanyar ganɗantawa. Saiwar ke nan l-s, wadda ake gani a lisan ta Larabci da lashon ta Ibrananci da iles ta Buzanci. Haka ƙashi, mai jam'i ƙasusuwa: saiwarta ƙ-s ta yi daidai da qs ta tsohon harshen Masar da ighes ta Buzanci. Ba a taɓa jin Bahaushe ya yi ciniki da Fir'auna ba, balle ya ari sunan ƙashinsa a wurinsa. Waɗannan kalmomi gado ne daga tushen da Joseph Greenberg ya tabbatar da Hausa a cikinsa a littafinsa na 1963. Larabci a nan ɗan'uwa ne na nesa.

Sauran tambayar ita ce gaɓar ha ta farkon harshe. Ɗalibi ya lura da wannan jeri: hanci, haƙori, hannu, haɓa, hanta, hanji, hammata, haƙarƙari. Masana na ɗaukar wannan gaɓa a matsayin tsohon ɗafa-goshi da ya daskare a jikin sunayen sassan jiki. Paul Newman ya nuna a 1976 cewa sautin h a farkon kalmomi da dama daga baya ya samu, a inda kalmar ke farawa da wasali. Wanda ya tsaya ga jerin kamanci kawai ba zai ga wannan tsari na cikin gida ba.

4.0 Kalmomin Aro

Kalmar aro takan zo da shaidarta. Al'aura da azzakari suna ɗauke da al ta Larabci a goshinsu, kamar yadda lafiya ke ɗauke da ragowarta. Farji da dubura da janaba da haila kuwa sun shigo ta makarantun zaure, ta littattafan fiƙihu irin su Ahalari da Ishmawi da Risala, a babin tsarki. Ba don Hausa ta rasa sunayen waɗannan wurare aka aro su ba. Kunya ce ta sa malami ya fake da Larabci a gaban almajirai, kamar yadda sauran jama'a ke fakewa da gaba ko baya. Aro ya taru a inda addini da kunya suka taru, amma kai da ido da baki da kunne ba su motsa ba.

5.0 Shaida daga Tamale

Fataucin goro ne ya kai Hausawa ƙasar Gwanja da Dagomba. Bayan yaƙin basasar Salaga na 1892 fatake suka watsu zuwa wasu garuruwa, kuma da Turawan Ingila suka mai da Tamale hedikwatar yankin arewa a 1907 sai zangonta ya bunƙasa. Harshen 'yan ƙasa shi ne Dagbani, na rukunin Gur, wanda ba shi da dangantakar gado da Hausa. Saboda haka duk kamancin da aka gani a nan, ko dai aro ne ko dacewa.

Dagbani ya ari wanzam, wato wanzami, da haŋkali. Asalin hankali daga aƙl ne na Larabci, amma h da ɗan hancin da ke cikin siffar Dagbani sun nuna ta bakin Bahaushe ta bi. Alaafee, wato lafiya, tana buƙatar hattara, domin ta riƙe wasalin farko da Hausa ta yar, kuma Wangarawa sun riga Hausawa kai Musulunci ƙasar Dagomba. Duk da wannan cuɗanya ta ɗaruruwan shekaru, Badagombe na kiran kai zuɣu, ido nini, baki noli, hannu nuu. Idan zaman tare irin wannan bai sauya waɗannan sunaye ba, da wane dalili za a ce Hausa ta ari harshe daga Larabawa?

Akwai darasi na biyu. Hausa na cewa kan tebur, bayan gida, cikin ɗaki, daga kai da baya da ciki. Dagbani ma yana amfani da zuɣu da ma'anar a kan, da nyaaŋa, wato baya, da ma'anar a bayan, da puuni da ma'anar a cikin. Har dinzuɣu, wato saboda haka, ta yi daidai da a kan haka. Tunanin ɗaya ne, amma sautukan ba su haɗu ko'ina ba, kuma Dagbani na ajiye kalmar bayan suna alhali Hausa na ajiye ta kafinsa. Ɗan'adam ne ke auna duniya da jikinsa. Da shi Bahaushe ya raɗa wa ɗansa Cindo ko Jatau ko Dogo, da shi kuma masana nahawu suka ƙirƙiro ɗafa-goshi da ɗafa-ƙeya.

6.0 Kammalawa

An ga cewa kamusun Skinner rumbu ne da aka zuba hatsi iri-iri ba a sheƙe ba. Ya kamata ɗalibi ya buɗe shi, amma kafin ya rubuta cewa kalma kaza ta fito daga harshe kaza, ya tambayi kansa abu uku: me jam'inta da sauran kare-karen harshe suka nuna game da saiwarta, wace shaidar aro ke jikinta, kuma ta wace hanya masu harsunan biyu suka haɗu? Wanda ke zaune a Tamale yana da damar gwada wannan a kasuwar Aboabo: ya tattara sunayen sassan jiki ashirin a Hausar zango da Dagbani, ya ƙirga nawa ne suka ƙetara daga wannan harshe zuwa wancan.