Tarihin Maradi: ina labarin mai fartanya?

Kai mai karatu, ka sha jin maroƙa suna jero sarakunan Maradi. Sukan fara daga Ɗan Kasawa, wanda ya zauna nan bayan da jihadi ya fitar da sarakunan Haɓe daga birnin Katsina wajen 1807. Su zo kan Ɗan Baskore, su daɗe suna yabon yaƙinsa. Akwai daɗin ji. Amma ka taɓa jin sun faɗi wanda ya noma geron da dawakin fada suka ci?

Littafi ma haka ya yi. Wani masani, M. G. Smith, ya rubuta labarin mulkin Ɗan Baskore, aka buga a 1967. Aiki ne mai kyau. Ya nuna cewa sarki ba shi kaɗai yake mulki ba. Akwai rukuni huɗu masu zaɓen sarki: Galadima, Ƴandaka, Durɓi da Ƙaura. Akwai Iya, mai kula da mata da ƴan bori. Sai dai daga zauren fada ya hango ƙasar. Talaka yana can nesa, ana ganin sa ranar biyan kuɗin ƙasa da ranar yaƙi.

Ga kuma waɗansu ƴan boko da suke cewa sarautarmu daidai take da mulkin iyayen ƙasa na Turai a zamanin da. A nan ma a yi hankali. Can Faransa da Ingila, sarki yakan ba jarumi ƙasa don ya zo masa yaƙi da doki, ƙasar kuma ta zama gadon gidansa. Manomi da yawa a ɗaure suke da gonar. Ba su tashi sai da izinin ubangida, ɗansu ma haka. A Rasha ba a kwance wannan igiya ba sai 1861.

A nan fa? Sarki yana naɗa rawani, yana iya tuɓe shi. Talaka ɗa, wanda ba bawa ba, in zalunci ya ishe shi yana iya ɗaure kayansa ya koma ƙarƙashin wani. Anna kuwa, waɗanda sarakuna suka tarar a bakin gulbi, suna da gandunsu da shugabanninsu.

Amma kada wannan ya sa ka ce talaka ya ji daɗi. Ya yi ƙaura zuwa ina? Dajin cike yake da mahara. Wanda ya yi nisa da ganuwa, sai a kama shi a sayar. Tsoro ya ɗaure shi kamar yadda doka ta ɗaure manomin Turai. Shi ya sa mutane suka cunkushe a kwarin gulbi, ba su bazu kan jigawa ba sai da yaƙe-yaƙe suka ƙare a zamanin Nasara. Shi ma Nasara ya zo da nasa aikin tilas, wanda ba a hana ba sai 1946. Bayi kuwa, su ne suka noma gandun manya, maroƙi bai san sunan ko ɗaya ba.

Sunan garinmu kansa, Sarkin Yamma, sunan sarauta ne. Na masu gona yana bakin tsofaffi. Yanzu da hannunka ya iya alƙalami, je ka wurin tsohuwar gidanku, ka tambaye ta wa ya sare dajin gonarku, dami nawa ake kai wa fada, wa yake zuwa karɓa. Ka rubuta, ka aiko mana.