Awar ƙarshe da aka ƙwace mana a Paris-Roubaix

A watan Afrilun 2024, saura kusan kilomita 60 a kammala tseren keke na Paris-Roubaix, Mathieu van der Poel ya taka feda ya bar kowa a baya. Na duba agogo, na ga akwai sauran fiye da awa guda, sai na tashi na ɗora ruwan shayi. Kafin in dawo ratar ta ƙaru. Shi kaɗai ya shiga filin Roubaix, ya ba na biyunsa minti uku, kuma na biyun ma, Jasper Philipsen, ɗan ƙungiyarsu ne. Masu sharhi suna ta kirari, ni kuwa ina zaune kamar wanda aka faɗa wa ƙarshen fim tun a bakin ƙofa.

Tseren yini guda ba shi da gobe, daɗinsa ke nan. A Tour de France mako uku ake yi, wanda ya sha kashi yau yana iya ramawa jibi. Roubaix kuwa, tun 1896 da aka fara shi, sau ɗaya ake buga shi a shekara. Kusan kilomita 260 ne daga Compiègne, 55 daga ciki a kan tsofaffin hanyoyin gona da aka shimfiɗe da duwatsu masu tsagi. A dajin Arenberg, kusa da tsohuwar mahaƙar kwal, akwai miƙaƙƙiyar hanya ta kilomita 2.3 da ke kaɗa haƙoran mahayi har ya ji su a ƙeya. Kofin ma dutse ne guda, irin na hanyar.

A irin wannan hanya ƙarfi kaɗai bai taɓa isa ba. Taya na iya yin faci, na gabanka na iya faɗuwa ya kwashe ka. Shi ya sa har yau nake tuna 2016. Mathew Hayman, ɗan Ostireliya mai shekara 37, ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana tare wa manya iska yana kai musu ruwa. Makonni kaɗan kafin tseren ya karye a hannu. Ranar nan ya bi waɗanda suka ɓalle tun da wuri, ya ƙi sakin layi, ya zo ya doke Tom Boonen, mai neman nasara ta biyar, a kan layin ƙarshe. Fuskarsa bayan ya tsaya ta nuna shi kansa bai gaskata ba.

Yanzu yayi ya canza. Manyan ba sa jira. Tadej Pogačar ya yi kilomita 81 shi kaɗai a tseren Strade Bianche na 2024, a gasar duniya ta Zurich kuma ya kai hari saura kilomita 100. Baiwa ce, ban musa ba, amma kayan aiki sun taimaka. Tayoyin sun yi faɗi, sun kai milimita 32, babu tiyub a ciki, sai wani ruwa mai toshe ƙaramar huda yana tafe, iskar kuma an rage ta don taya ta riƙa lanƙwasa a kan dutse. Abinci an auna shi giram-giram, ana haɗiya a kan keke ba fashi, don haka ƙarfin da a da yake tsinkewa a kilomita 200 yanzu yana kai mutum gida. Tarihin gudun da Peter Post ya kafa a Roubaix a 1964 ya shekara 53 ba a wuce shi ba. Daga 2022 zuwa 2024 kuwa, kowace shekara sai an karya tarihi, har aka kai kilomita 47.8 a awa.

Ba zan ce a koma wa siraran tayoyi ba, wannan rigimar tsofaffi ce. Rediyon kunne nake so a cire. Muddin akwai mai zaune a mota yana faɗa wa mahayi rata daƙiƙa-daƙiƙa, masu bi sukan yi lissafi su sallama da wuri, su koma neman na biyu. A Olamfik ta Tokyo, inda babu rediyo, Anna Kiesenhofer ta sulale ta ci zinare, Annemiek van Vleuten ta iso tana murna a zaton ita ce ta farko. Na sani, Zurich ma babu rediyo, kuma Pogačar ya yi abin da ya ga dama. Duk da haka a gwada.

Su duwatsun dai ba su gama magana ba. A 2025 Pogačar ya zo Roubaix karon farko, yana kafaɗa da kafaɗa da Van der Poel, sai ya shiga wata kwana da gudun da ya wuce kima, saura kilomita 38, ya kife a gefen hanya. Wannan daƙiƙar ta tsayar da ni tsaye fiye da duk tseren shekarar da ta gabace ta. Akwai 'yan sa-kai, Les Amis de Paris-Roubaix, da ke gyara duwatsun kowace shekara, har awaki ake kaiwa Arenberg su cinye ciyawar da ke tsiro a tsagoginsu. Roƙona gare su, in sun zo jera dutsen da ya goce, kada su daidaita shi sosai.