Littattafai Huɗu A Kan Teku

Ana iya haifar mutum a Maraɗi ko a Damagaram, ya girma, ya yi furfura, bai taɓa sa teku a ido ba. Abin da ya sani game da ita bai wuce labarin Yunusa da ya ji a makarantar Lahadi ba, da na jirgin Bulus da ya farfashe kusa da tsibirin Malita. Idan aka miƙa wa irin wannan mutum littafi a kan kiyaye teku, ba a ga laifinsa ba in ya ce, ina ruwan biri da gada? Amma fa ruwan da yake sauka a gonarsa kowace damina, iska ce take ɗauko shi daga Tekun Atalantika. Wani bincike da aka buga a 2003 ya nuna cewa farin da ya addabi ƙasashen Sahel a shekarun 1970 da 1980 yana da nasaba da sauyin ɗumin ruwan tekuna. Kifin ƙanƙara da matarsa take sayowa a kasuwa, ta tashar jiragen Kwatano ya shigo. Ga kuma ƴan'uwa a zangunan Ankara da Duwala waɗanda kullum iskar teku take kaɗa musu tufafi. Saboda haka littattafan nan huɗu sun cancanci a duba su, ko da yake Turawa ne suka rubuta su, don Turawa ƴan'uwansu.

Mafi tsufa a cikinsu shi ne The Sea Around Us, wato tekun da ke kewaye da mutane, na Rachel Carson, mutuniyar Amurka, wanda ya fito a 1951. An haifi wannan mata a 1907 a jihar Fensilbaniya, nesa da gaɓa. Mahaifiyarta ɗiyar fasto ce, ita ta koya mata lura da tsuntsaye da tsire-tsire. Carson ba ta ga teku ba sai da ta gama kwaleji a 1929. Wataƙila abin da ya sa ke nan rubutunta yake da mamaki irin na baƙo. Takan ɗauki abin da masana suka tara a lissafi, kamar yadda wata yake jan ruwa ya cika gaɓa ya kuma janye, ko yadda tsibiri yake ɓullowa daga dutse mai aman wuta, ta shimfiɗa shi yadda ɗan makaranta zai bi. Akwai babin da ta kwatanta ƙurar matattun halittu da take sauka a hankali zuwa ƙasan teku shekara da shekaru ba fasawa. Wanda ya saba da Zabura ta 104 ko jawabin Ubangiji ga Ayuba a sura ta 38 zai ji kamar ya san muryar, ko da yake Carson ba wa'azi take yi ba. Littafin ya yi mako 86 a jerin waɗanda aka fi saye a Amurka.

Sai dai akwai rami a cikinsa. A 1951 Carson tana ganin teku ta fi ƙarfin ɓarnar ɗan Adam: yana iya sare daji, ya ƙwaƙule ƙasa, amma wannan ruwa ya yi masa yawa. Shekara goma bayan haka, a sabon bugu na 1961, ta ƙara gabatarwa inda ta yi kashedi a kan sharar nukiliya da ake zubawa a teku cikin gangaye. Abin yabo ne marubuci ya komo ya gyara kansa a bainar jama'a. Duk wanda zai karanta littafin yau ya nemi wannan bugu, ya fara da gabatarwar, ya kuma sani cewa wasu bayanan, musamman na yadda ƙasan teku ya samu, ilimi ya wuce su.

Na biyu ƙagaggen labari ne, The Old Man and the Sea na Ernest Hemingway, 1952. Ɗalibai da yawa a ƙasashen da ake karatu da Faransanci sun gamu da fassararsa. Santiyago tsohon masunci ne a Kyuba, ya yi kwana 84 bai kama kome ba. Ya tura kwalekwalensa can nesa, ya kama ƙaton kifi mai baki kamar mashi, suka yi ta ja har kwana uku, ya kashe shi, amma kafin ya iso gida kifayen shak sun cinye naman, sai ƙashi. Masu wa'azi suna son labarin nan domin jimirin tsohon, da yadda ya saɓa itacen filafilan jirginsa a kafaɗa yana hawan tudu yana faɗuwa, abin da yake tuna wa mai karatu hanyar Kalfari. Labari ne mai kyau ƙwarai, gajere, ba kalmar banza. Amma jimirinsa na mutum ɗaya ne da ya ƙi a ce ya gaza. Ba a tambaya ko kifi zai ƙare ba, gama a tunanin lokacin teku rumbu ce da ba ta da ƙasa. In ban da yaron nan Manolin da yake kawo wa tsohon abinci, yana kuka saboda hannuwansa, da littafin bai bar wa gobe kome ba.

Wanda ya fi su nauyi, ya kuma fi wuyar haɗiyewa, shi ne The Unnatural History of the Sea na Callum Roberts, masanin halittun teku daga Birtaniya, 2007. Roberts ya buɗe da labarin wata dabba ƴar'uwar ayu, amma ta ninka ayun kogin Kwara girma sau da yawa. Matuƙan jirgin Rasha da suka maƙale a wani tsibiri na arewacin Tekun Fasifik ne suka gan ta a 1741. Ba ta gudu, ba ta faɗa, namanta kuwa da daɗi. Zuwa 1768 babu ko ɗaya a duniya, shekara 27 kacal. Daga nan ya bi takardun matafiya, da ƴan fashin teku, da fatake, yana nuna yadda ruwaye suke maƙare da kifi kafin a far musu. Ya tono har ƙarar da aka kai wa Sarkin Ingila a 1376 a kan wata sabuwar koma da ake ja a ƙasan ruwa, tana kwashe manya da ƙanana, tana lalata makwancinsu. Wato kukan da ƙananan masunta suke yi yau a kan manyan jirage ya haura shekara 600.

Abin da ya fi amfani a littafin shi ne bayanin wata irin mantuwa, wadda masani Daniel Pauly ya yi wa suna a 1995. Kowane tsara yakan ɗauki abin da ya tarar yana yaro a matsayin yadda duniya take tun asali. Kaka ya san kifi mai tsawon mutum, uba ya san mai tsawon hannu, jika ya kama mai tsawon tafi yana murna, ba wanda ya ji an yi masa sata. Mai karatu a Difa ko Injamena ba ya bukatar dogon bayani a nan. Tafkin Cadi ya kai wajen murabba'in kilomita 25,000 a farkon shekarun 1960, ya ragu ƙwarai a farin da ya biyo baya, akwai kuwa matasan da suke noma a inda kakanninsu suka jefa taru, suna tsammani gona ce tun fil'azal.

Labarin kifin da ake kira kod a gaɓar Kanada shi ne gargaɗi mafi zafi. Mutanen jirgin John Cabot sun ba da labari a 1497 cewa da kwando ake ɗibarsa. An yi ƙarni huɗu da ɗoriya ana ci ba a ga ƙarshensa ba, sai manyan jirage masu injin sanyi suka zo. A 1968 kaɗai an kama fiye da tan 800,000. A 1992 gwamnatin Kanada ta hana kamun, mutum wajen 30,000 suka rasa sana'a. An zaci shekara biyu za ta isa kifin ya farfaɗo. Sai a 2024 aka sake buɗewa, da izinin tan 18,000 kawai.

To, ina begen yake? Roberts bai kawo shi ba sai da ya gama wahalar da mai karatu da babi bayan babi na hasara, har wani zai iya ajiye littafin a tsakiya. Wannan aibi ne a tsari, gama maimaici ya yi yawa, amma akwai gaskiya a ciki. Manzo Bulus ma, a Romawa sura 5, bai sa bege a farkon jeri ba, sai bayan shan wuya da jimiri. Hujjar Roberts ita ce, duk inda aka ɗaga wa teku ƙafa, takan farfaɗo. A yaƙin duniya na ɗaya da na biyu jiragen su sun kasa fita Tekun Arewa ta Turai, da aka koma sai aka tarar kifi ya yi yawa ya yi girma. A tsibirin Santa Lusiya, inda shi kansa ya yi bincike, an keɓe wasu wurare a 1995 aka hana su a ciki. Cikin shekara biyar abin da masunta suke kamawa a kewaye ya ƙaru da kashi 46 zuwa 90 cikin ɗari. Dalilin a fili yake. Uwar kifi babba tana zuba ƙwai ninkin ba ninkin na ƙarama, ruwa kuma yana kwashe ƴaƴan ya kai su waje. Manomi ya san wannan da sunan barin gona ta huta. Mai karanta Littafi Mai Tsarki ya san shi a Littafin Firistoci sura 25, inda aka ba ƙasa hutunta kowace shekara ta bakwai, da Maimaitawar Shari'a sura 22, inda aka hana wanda ya tsinci sheƙar tsuntsu ya haɗa da uwar. Roberts bai kafa hujjarsa a kan waɗannan ayoyi ba, amma ikilisiyar da ta daɗe tana karanta mulkin da aka ba Adamu a Farawa sura 1 kamar takardar izinin kwasa, za ta amfana in ta ajiye littafinsa kusa da su.

Na huɗu, The World Is Blue na Sylvia Earle, 2009, shi ya fi kiran sunan bege, shi ne kuma ya fi bukatar a karanta shi da lura. Earle ta san abin da take faɗa. A 1979 ta yi tafiya da ƙafa a ƙasan teku kusa da Hawai, zurfin mita 381, cikin rigar ƙarfe. Ta taɓa zama babbar masaniya a hukumar tekuna da yanayi ta Amurka. Bayaninta a kan ƙananan tsire-tsiren ruwa da ido ba ya gani, waɗanda suke samar da wajen rabin iskar shaƙa da ake samarwa a duniya, ya isa ya sa mutumin Agadas ya san yana da rabo a teku. Kiran da ta yi na a keɓe wurare ya sami masu ji: a 2022 ƙasashen duniya sun amince a Mantiriyal za su kāre kashi 30 cikin ɗari na tekuna kafin 2030, ko da yake a 2024 abin da aka keɓe bai wuce wajen kashi 8 ba.

Inda take tuntuɓe shi ne wajen magani. An san ta da cewa ta daina cin kifin teku, tana kuma ƙarfafa mutane su bi sahunta. Ga mai kuɗi a Kalifoniya wannan ƙaramin azumi ne, gama yana da nama da madara da ƙwai. Ga uwar ƴaƴa shida a zangon Kumasi, ɗan kifin bandan da take marmasawa a miya shi ne iyakar naman gidan. Wanda ya ƙoshi bai kamata ya tsara wa mayunwaci azumi ba. Bugu da ƙari, ba bakin matalauta ne ya cinye kifin Afirka ta Yamma ba. Jiragen ƙasashen waje ne, da masana'antun garin kifi da suka yawaita a Muritaniya da Senegal da Gambiya. Wani rahoto na 2021 ya ƙiyasta cewa fiye da tan 500,000 na ƙananan kifaye ake kwashewa daga wannan gaɓa kowace shekara, a niƙa, a kai Turai da Asiya don ciyar da kifin kiwo da dabbobi. Sai an niƙa kilo huɗu zuwa biyar na ɗanyen kifi kafin a sami kilo ɗaya na gari.

Wannan ya kai ga gibin da littattafan huɗu suka yi tarayya a kai. Shaidun Roberts galibi Turawa ne masu alƙalami, Earle tana magana daga jirgin bincike, Carson daga ɗakin karatu, Santiyago kuwa Ba'amurke ne ya sa masa magana a baki. Masuntan gaɓar Gana sun daɗe ba su fita teku ranar Talata, tun kafin wani masani ya auna amfanin hutu. Ba a ba irin wannan hikima wuri ba. Haka kuma ba a ji muryar matar da take banda a Elmina ba, ko ta saurayin Senegal wanda, da taru ya dinga fitowa wayam, ya juya kwalekwalen ubansa ya nufi tsibiran Kanari da fasinjoji maƙil a ciki.