Herbert Reinecker da Hikimar Maimaita Tambaya

Masu kushe shirin talabijin na Derrick ƙorafinsu ɗaya ne kullum: wai shirin sanyin jiki gare shi, ba tseren motoci, ba ruwan harsashi, sai wani dogon ɗan sanda da ke zaune a falon attajiran Munik yana nanata tambaya. Ni kuwa abin da suke kira aibi, shi ya sa nake ganin girman marubucinsa, Herbert Reinecker.

An haife shi a Hagen a 1914, ya rasu a 2007. Ya rubuta wa tashar ZDF shirin Der Kommissar daga 1969 zuwa 1976, kashi 97, sannan Derrick daga 1974 zuwa 1998, kashi 281, duka da alƙalaminsa shi kaɗai. Wanda ya ce wannan aikin injin buga bulo ne, bai kasa kunne ga yadda mutanen cikin shirin suke magana ba.

Ga yadda yake yi. Derrick zai shiga gida ya sanar cewa an kashe wance. Maigida ya mayar masa da kalmar a matsayin tambaya. Uwargida ta sake maimaita ta, idonta a kan mijinta. Kalma ɗaya ta zagaya ɗaki sau uku, kowane baki da nauyin da ya ɗora mata: ɗaya mamaki, ɗaya tsoro, ɗaya neman lokacin shirya ƙarya. Mataimakinsa Harry Klein na tsaye a gefe, Derrick kuma ya yi shiru ya bar su da shirun. Ba hujjar ɗakin gwaje-gwaje ke kama mai laifi ba, gajiya da ɓoyo ce ke sa shi furtawa. Shi ya sa a sassan farko na shirin Reinecker yake nuna makashin tun daga buɗe labari. Sanin wanda ya yi kisa ba shi ne abin jira ba, yadda zai ɗauki nauyinsa ne.

Daga ina ya san wannan shirun? A zamanin Nazi ya yi aikin jarida a ƙungiyar matasan Hitila, ya kuma zama wakilin yaƙi a rundunar Waffen-SS. A 2013 aka gano cewa Horst Tappert, wanda ya fito a matsayin Derrick, shi ma ya yi wannan runduna, ZDF ta daina maimaita shirin. Wannan tabo ne, ba mai wanke shi. Amma a ganina shi ne mabuɗin aikin: mutumin da ke ɗauke da nasa kaya ya shekara 24 yana rubuta gidaje masu tsabta inda kowa ya san abin da ya faru, ba mai son faɗa.

Duk marubucin da ke son koyon sa mai laifi ya tona kansa da bakinsa, ya zauna ya saurari Derrick.