Adamu Halilu da Idon Majigi

Wanda duk ya nufi auna aikin Malam Adamu Halilu (1936–2001), lalle ne ya fara duban makarantar da ta rene shi, watau majigin gwamnati. A zamanin mulkin Turawa da farkon mulkin kai, mota ce ke bin garuruwan Arewa, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan magariba, a nuna wa jama'a noma da tsabta da amfanin asibiti. A sashen shirya irin waɗannan hotuna Halilu ya goge, ya kuma yi karatun sana'ar a Landan.

Tarbiyyar nan ba ta rabu da shi ba ko a *Shehu Umar*, wanda ya shirya a 1976 domin bikin FESTAC na 1977, daga littafin Abubakar Tafawa Balewa na 1934. Umaru Ladan ne ya fito a Shehun, yana zaune gaban almajirai yana ba su labarin rayuwarsa. Mai majigi ya saba nuna abu a tsanake har ɗan ƙauye ya gane, don haka idon Halilu ba ya gaggawa a kan sutura, da zaman fada, da tafiyar ayari cikin Sahara. Wannan haƙuri ne ya sa cinikin bayi ya fito da nauyinsa, gama an nuna ƙarara cewa masu kama mutane ba baƙi ba ne, 'yan ƙasa ne. Aibin kuwa daga tushe guda ya fito: wani lokaci hoto yakan daɗe bayan ma'ana ta riga ta isa, magana kuma ta koma wa'azi, sai labari ya tsaya yana jiran darasi.

Ga mutanen Sakkwato, akwai abin da ya fi wannan kusa. A 1978 Halilu ya shirya *Kanta of Kebbi* da taimakon gwamnatin Jihar Sakkwato, a kan Muhammadu Kanta wanda ya ƙi bin Songhai a ƙarni na 16, ya gina Surame, wadda kufanta ke yamma da birnin nan. Labarin mayaƙi yana bukatar zafin nama wanda labarin malami bai nema ba, saboda haka a nan ne za a gwada ko haƙurin majigi ya iya hawa doki.

An gano *Shehu Umar* cikin ajiyar gwamnati, aka gyara shi, aka nuna a bikin Balin na 2018. Tun daga nan hukuncin masana ya karkata ga fim guda, alhali ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare. Wajibi ne malaman Hausa na Sakkwato su biɗi *Kanta*, su aza shi kusa da ɗan'uwansa, sa'an nan a yanke wa Halilu hukunci na adalci.